Shekarar da Muka Yi Kiwon Tana

Ranar Juma'ar farko bayan Babbar Sallah ce, a shekarar da na cika tara, lokacin sallar na faɗowa a tsakiyar sanyin Doha. Baba ya dawo daga kasuwar kayan lambu ta Abu Hamur da hantsi, ya sauke kwalayen tumatir da albasa na masu gida a ƙofar kicin, sannan ya koma but ɗin mota ya kinkimo wasu baƙaƙen tukwanen roba guda uku ya dire su a bayan ɗakinmu. Masu sayar da furanni ne suka yar da su a gefen hanya don shukar da ke ciki ta mutu, shi kuma ba shukar ya gani ba, ƙasar ya gani. Inna ta gyara ɗaurin zane, ta shimfiɗa buhu, ta kife tukunya ta farko ta bubbuga gindinta da tafin hannu. Ƙasa ta zubo baƙa wuluk, a cikinta kuma wasu dogayen abubuwa suka hau tsalle suna fizge-fizge kamar macijin da aka taka wa wutsiya. Na kwarara ihu na maƙale a bayan Baba. Inna kuwa durƙusawa ta yi, ta sa hannu biyu ta kamfato su, ta tsura musu ido, sai ga hawaye. “Malam, tana ce! Wallahi tanar ƙasa ce!” Shekara biyu ke nan da zuwanmu, ban taɓa jin muryarta ta ɗaga haka ba, har sai da Baba ya waiga wajen tagogin babban gida ya ce ta yi a hankali.

Bari in faɗa muku inda muke, don wanda bai taɓa zama a bayan gidan wani ba ba zai gane abin da zai sa babbar mace kuka a kan tsutsa ba. Baba direba ne a gidan wani dattijon Balarabe, shi ne kafil ɗinmu, wato wanda takardun zamanmu duka ke hannunsa. Inna ce mai girki. Ni kuma ƙari ce, an taho da ni ne don Inna ta kafe ta ce ba za ta hau jirgi ta bar ni ba. Ɗakinmu ɗaya ne da banɗaki, can ƙarshen gidan, kusa da tankin ruwa. Katangar gidan ta ninka Baba a tsawo, daga ƙofar ɗakinmu ba a ganin komai sai wani dogon yanki na sama, sai jirgi in ya gifta. Baba yana fita sau goma a rana, amma babu fita ɗaya da take tasa. Inna kuwa sai sallah-sallah, sai ranar da aka kai ta asibiti aka ɗebi jininta don sabunta takarda. Ba wai ɗaure ta aka yi ba, babu wanda ya taɓa buɗe baki ya ce kada ta fita. Amma ina za ta? Larabcinta na kicin ne, ba ta san kowa ba, titin unguwar babu mai tafiya a ƙasa, kuma kowane lokaci ana iya ƙwala mata kira a ce a kawo shayi.

Ni ma shekara biyu da rabi ban shiga makaranta ba, don takardar zamana ta maƙale a wani ofis, kullum Baba ya tambaya sai kafil ya ce gobe in sha Allah. Da safe nakan hau bulon da ke gindin tanki in saurari motocin makaranta suna tsayawa a layinmu, in ji yara suna rige-rigen shiga, in yi ta bin ƙarar ƙofofi da kunne har layin ya yi tsit. Daga nan sai aiki: shara, wanke kwanukanmu, tsintar shinkafa, ɓarar tafarnuwa, ninke tsummokaran kicin. In na gama Inna ta ɗora mini karatun allo, tana leƙowa ta tagar kicin tana yi mini gyara da ludayi a hannu. Wasa kuwa duk wanda na sani daga gida na mutum biyu ne ko goma, ni kuma ni kaɗai ce. Nakan zana 'yar gala-gala da guntun gawayin turaren wuta na masu gida, in yi tsalle a madadina, in yi a madadin Ladidi ƙawata da na baro, kuma don rashin kunya kullum ni ke cinye ta. Carafke da ƙwallayen dabino nake yi. In zafi ya shigo ko wannan babu, don siminti yana gasa tafin ƙafa tun ƙarfe takwas, sai dai a shige ɗaki a rufo ƙofa, esi ya yi ta gurnani har la'asar.

Abu ɗaya ne a gidan nan da yake namu, shi ne lambun Inna. Kada ku ji na ce lambu ku hango wani abu. Wani siririn fili ne tsakanin tanki da katanga wanda magina suka manta ba su shafe shi da siminti ba, tsawonsa tabarma uku, faɗinsa bai kai tabarma ɗaya da rabi ba. Inna ta roƙi matar kafil, wadda muke kira Hajiya, ita kuma ta ɗaga kafaɗa ta ce ta yi abin da take so muddin bai taɓa furanninta ba. Inna ta tsince duwatsu da hannu, ta yanka wurin fangali huɗu, Baba yana kawo mata takin awaki a buhu duk sanda aka aike shi gonar kafil a bayan gari. Akwai yakuwa, akwai lalo, akwai alayyahu, amma sarauniyar wurin kuɓewa ce. Irin Kaka ne, mahaifiyar Inna, wata gajeriyar kuɓewa mai jan kai ga yauƙi kamar me, wadda Kaka ta ƙulle wa Inna irinta a bakin zane ranar da za mu taho. Kaka ta rasu muna da wata bakwai a nan. Inna ba ta samu zuwa ba, a waya ta karɓi gaisuwa tana tsaye a gaban tukunyar masu gida. Tun daga ranar kuɓewar nan ta tashi daga kayan miya. Duk shekara takan bar 'ya'ya kaɗan su bushe a jikin uwar, ta fasa, ta zuba irin a kwalbar man shafawa, ta ɓoye a ƙasan akwati. Irin bai taɓa wuce cikin tafin hannu ɗaya ba, kuma in ya ƙare ya ƙare ke nan, don gonar Kaka an raba gado an sayar, babu wanda ya damu da wata kuɓewa.

A ƙauyen su Inna, can bakin fadama, da tana ake gane ƙasar kirki. Ta sha ba ni labarin mahaifinta, yadda in zai karɓi aron gona ba ya tambayar kowa, sai ya bi ta da sassafe yana duba ƙasa. In ya ga kashin tana tuli-tuli ya karɓa, in bai gani ba ya yi godiya ya wuce. Akwai kuma kurmi a bayan garinsu inda suke zuwa itace, ganye ya ruɓe ya yi kauri har ƙafa na nutsewa, ka yaye shi ka ga tanar kwance ta yi lamo. “Ke 'yar nan, in kin tona ƙasa ba ki ga tana ba, gawa kika tona,” haka take ce mini, kuma a ganinta duk ƙasar Doha gawa ce da aka yi wa kwalliya. To yau ga rai Allah ya aiko mata har gida a cikin tukunyar roba. Wa zai gaya mata wani abu? Ni dai na lura waɗannan ba su yi kama da tanar labarinta ba. Tata lamo take yi, waɗannan kuwa ka taɓa su sai su yi ta dukan ƙasa, wata ma ta tsinke wutsiyarta ta bar maka a hannu. Jikinsu da ƙyalli, ga wani farin zobe a wuya. Da na faɗa, Inna ta ce ai kowace ƙasa da irin dabbobinta, ba ga awakinsu ma kunnuwa har ƙasa ba?

Ni aka naɗa makiyayiya. Sa'o'ina a gida suna kiwon awaki da kaji, ni 'yar Doha tana nake kiwo, kuma wallahi na riƙe aikin hannu biyu. Ganyen shayin da masu gida suka sha, ni ke tattara shi, ga shi gidan nan ana shan shayi kamar ba gobe. Ɓawon dankali, ɓawon kankana, ganyen latas da ya yi yaushi, duk in yayyanka in binne musu. In tsinto busasshen ganye in rufe fangali, in bi da ruwa safe da yamma da wani gwangwanin madara da Baba ya huhhuda wa gindi da ƙusa. Har sunaye na raɗa wa manyan, akwai Sarkin Tsalle, akwai Hajiya Ƙarama, wannan kam a zuci nake kiranta. Suka yi ta hayayyafa. Kuɓewa ta yi kyau a shekarar, ko don taki ne ko don su ne oho, Inna dai su ta ba ladan duka.

Daga nan ne Inna ta yi abin da duk 'yar mutunci a garinsu za ta yi. A can in gonarka ta yi albarka ba ka ci kai kaɗai, sai ka ɗiba ka kai wa wanda ya ba ka aron wurin. Hajiya ce ta ba da fili, saboda haka Hajiya na da rabo a cikin tanar. Sai dai Inna ta san ba a ɗora tsutsa a faranti a shiga da ita falo. Wata Asabar da Baba ya kwashi masu gida suka tafi gona yini, ta cika bokitin fenti da ƙasar lambunmu, tanar na ta zillo a ciki, ta ce in riƙo fartanya. Muka zaga gaban gida, wurin da ba a cika barina zuwa ba, inda akwai ciyawa kore shar, da itatuwan lemon tsami huɗu, da wani furen yasmin da Hajiya ke ji da shi kamar ɗan auta. Ina tonawa tana zubawa, gindi-gindi, kowanne da bisimilla. Ta ce kada in gaya wa kowa, har Baba, a bari sai lemo ya yi 'ya'ya har reshe ya ranƙwafa, Hajiya ta tambayi dalili da kanta, sannan a faɗa mata. Duk hanyar komawa bayan tanki murmushi take yi. Ina jin ranar ce kaɗai a gidan nan da ta ji ita ma tana da abin da za ta ba wani.

Da zafi ya kankama tanar ta ɓace ɓat. Na tona ko'ina ban samu ko ɗaya mai rai ba, Inna ta yi ta jimami kamar an yi mata rasuwa. Ashe ƙwai suka bari, ƙanana masu launin ƙasa, waɗanda ido ba ya iya rabe su da ita. A tsakanin nan takardata ta fito, aka sa ni makaranta. Ranar farko na kasa shiga aji don kallon fili, fili ne da mutum zai yi gudu har ya gaji bai taɓa bango ba. Ga rumfar inuwa, ga yaran Sudan da Masar da Indiya suna tsallen igiya, wata ta miƙo mini bakin igiyar ta ce yalla, wato in zo, ban san na iya dariya da ƙarfi haka ba. Na koyi faɗa da Larabci kafin in koyi karatu da shi. Amma daɗin bai cika ba, don kullum in mota ta ɗauke ni nakan hango gefen mayafin Inna ta tsagar get, in na dawo kuma sai ta sa in ba ta labarin hanya tun daga layinmu har ƙofar makaranta, shago nawa na gani, akwai itatuwa ko babu.

Da sanyi ya dawo sai ga tanar, ba goma ba, ba ɗari ba. Ka ɗaga bokiti su ne, ka ɗaga bulo su ne. Ganyen da nake rufe fangali da shi, wanda a da yakan yi wata yana ruɓewa, yanzu kwana huɗu ka neme shi ka rasa. Taki buhu guda Baba zai kawo, kafin Juma'a biyu ya narke. Ƙasar kanta ta canza. Ta daina damƙuwa a hannu, ta koma ƙananan gudaji kamar tsakin masara, ka zuba ruwa ya zurare nan take, kafin azahar ta bushe ƙamas. Yakuwa ta tsumbure, lalo ya ƙi tashi. Da sanyi ya fara sassautawa Inna ta buɗe kwalba ta shuka kashi ɗaya cikin uku na irin kuɓewar. Ya fito kuwa, ganye biyu, ganye huɗu, sai ya fara kwantawa. Na kama ɗaya da yatsa biyu don in miƙar da shi, sai ya biyo hannuna gaba ɗaya, saiwarsa fara sol a waje, babu abin da ke riƙe da ita.

Tun a lokacin na sha jinin jikina. Ni ce mai kiwon, ni na san inda suka fi yawa, kuma nan ne shuka ta fi mutuwa. Na yi kwana biyu ina juya maganar kafin in ce, “Inna, anya ba tanar nan ce ke cinye ƙasar ba?” Tabɗi! Inna ba ta kiran sunana don ni ce 'yar fari, amma ranar na ji duk sauran sunayen da take da su a ajiye. Wata nawa na yi a boko da har na fi kakana sanin ƙasa? Ta ɗora laifin a kan ruwan tanki mai gishiri, ta ɗora a kan iska, ta ɗora a kan bakin mutane, ta ɗora a kaina ma, wai hankalina ya koma makaranta ba na ban ruwa yadda ya kamata. Abin haushi, a satin nan malamar kimiyya ta buɗe mana littafi, ga hoton tana ɓaro-ɓaro, a ƙasa an rubuta ita ce aminiyar manomi. Ni da bakina na fassara wa Inna, don ta ga hoton ta tambaya. Ta kalle ni ta ce, “To, kin dai ji.” Ta ƙara taki, wato ta ƙara musu tuwo, ta shuka kashi na biyu. Ya bi na farko. Ranar da ta juye sauran irin duka a tafin hannunta ina tsaye a kanta da gwangwanin ban ruwa, zuciyata na ce mini ki riƙe hannunta, ki ce ta rage ko ƙwaya biyar ce. Ban ce komai ba. Tsoro na ji, kuma har yau ina jin haushin kaina a kan shirun nan. A cikin shukar ƙarshe guda uku ne suka tsaya, su ma don suna jikin katanga ne inda ƙasa ke da tauri, Inna ta kafa musu sanda ta ɗaure da tsumma.

Ashe a gaban gida ma abin na ta cin ƙasa ba mu sani ba. Yasmin ya yi rawaya, lemo na zubar da fure, ciyawar da ke gindinsu in an ja ta sai ta ɗago kamar tabarma. Asiri ya tonu wata la'asar da mai kula da furannin, wani dattijo ɗan Bangaladash da ke zuwa sau biyu a mako, ya manta tiyo a buɗe. Ruwa ya cika gindin itatuwa, tanar ta fito ta bazu a kan tayil ɗin ƙofar falo, Hajiya kuma ta fito ba takalmi. Ihun da ta yi har bayan tanki. Dattijon ya ɗauki ɗaya ya juya ta, ya girgiza kai. Da guntun Larabcinsa ya ce ya san ta, a cikin tukwanen furannin da ake shigowa da su daga ƙasashen gabas take zuwa. Ya ce ba irin mai nutsawa ƙasa ta gyara ta ba ce, a sama take zama ta lashe duk abin da ya ruɓe, in ta shiga daji ma haka take yi wa ganyen da ke ƙasa har sai ƙasa ta zama tsirara, ƙananan itatuwa su kasa tsirowa. Hajiya ta ce to daga ina, tunda ya yi shekara bai kawo sabuwar tukunya ba? Ya ɗauki cebur ya bi gefen gida yana dubawa har ya zagayo wurinmu. Cebur ɗaya ya sa a fangalin Inna ya juya, sai ga tanar tana ta tsalle.

Aka kira Baba. Ya tsaya a ƙasan matakala hannuwansa a baya, mutumin da a garinmu ake tashi a ba shi wuri. Hajiya ta ce ta yaya abu zai tsallake tsakar gida mai siminti daga bayan tanki har gindin lemonta? Baba ya rantse bai sani ba, kuma da gaskiyarsa. Nan Inna ta fito daga kicin tana goge hannu a zane, ta ce in fassara mata. Ni, 'yar shekara goma, da Larabcin filin makaranta, na tsaya tsakanin mata biyu na gaya wa Hajiya cewa Inna ce ta kawo mata da hannunta, kyauta ce, godiya ce ta aron fili. Hajiya ta dubi Inna, ta dubi tayil, har ta yi wata 'yar dariya ta wanda bai gane kan zance ba. Ba muguwar mace ba ce, in faɗi gaskiya, ita ke saya mini kayan sallah. Amma yasmin ɗin nan shekara ashirin tana renonsa. Ta ce za a kwashe ƙasar gaba a kawo sabuwa, bayan tanki kuma a kwashe a shafe da tayil, ma'aikata za su zo ran Asabar. Inna ta ce in roƙa mata mako biyu, kuɓewa uku ce kawai, 'ya'yan sun kusa ƙosawa, in sun bushe ta cire iri a yi duk abin da za a yi. Na fassara har da ƙarin nawa. Hajiya ta dubi mai furanni, ya ce kowace rana ƙwai suke ƙarawa. Ta kaɗa hannu ta ce, “Khalas, an gama magana, Asabar.” Na waiga wajen Baba, idonsa na ƙasa. Fasfonmu uku suna cikin durowar mutanen nan, ko jirgi ba ya isa ya hau sai da sa hannunsu, me zai ce? Da muka koma ɗaki ya ce, “Ki yi haƙuri.” Inna ta ce, “Na yi, Malam.” Iyakar maganar da aka yi ke nan.

Kwana huɗu ne tsakani. Inna ta gwada cire ɗaya, ta wanke saiwar tas ta dasa a bokiti da yashi, kafin magariba ta yi yaushi ta langaɓe. Ran Juma'a da yamma ta ɗauki wuƙa ta yanke 'ya'yan da suka rage, goma sha ɗaya ne. Ta fasa ɗaya da farce, ƙwayoyin farare ne, ka matsa su fashe da ruwa. Sun wuce ci, ba su kai iri ba. Duk da haka ta shanya biyar a kan murfin tanki, sauran ta yanka ta kaɗa miya. Kai, miyar nan! Zare ne zalla, kana tauna kamar igiya ka sa a baki. Baba ya ci ya suɗe kwano, ni ma na yi ta turawa da ruwa. Inna ta zuba nata ta zauna a gaban kwanon har ya huce. Washegari ma'aikata uku suka zo da baro, kafin azahar sun kwashe fangali huɗu sun loda a bayan mota, na yi mamakin yadda duk lambun bai cika motar ba. Biyar ɗin da aka shanya kuwa, da lokacin shuka ya zagayo ta fasa su, ta zuba ƙwayoyin da suka motse a gwangwani a cikin ɗaki, muka yi sati uku muna leƙe. Ko ɗaya bai fito ba.

Farin tayil aka sa, mai kashe ido da rana. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne Inna ba ta daina zuwa wurin ba. Kullum da safe, daidai lokacin ban ruwa, sai ta ɗauki bokiti ta zaga bayan tanki, ta kwara ruwa a kan tayil ɗin, ta bi da tsintsiya, ta tsaya har ya tsane. Shekara shida muka ƙara a gidan tana haka. Ba ta sake zancen fadama ba, ba ta sake ambaton kurmi ba, ba ta kuma sake tambayata labarin hanya ba. Ba ta taɓa ce mini ai kin faɗa ba, ni ma ban taɓa tuna mata ba.

Yanzu Baba ya rasu, a nan aka binne shi. Ina aiki a wani ofis a Mushairib, da jirgin ƙasa nake zuwa in dawo, ni na yi wa Inna takardar zama, muna hawa na uku a wani gida mai baranda. Na karanta labarin tanar nan daga baya. Ashe har manyan dazuzzuka a ƙasashen sanyi ta cinye musu shimfiɗar ganye, kuma yawanci mutane ne ke kai ta da hannunsu, a tukunyar fure ko a gwangwanin masu kamun kifi, ba tare da nufin ɓarna ba. Na fassara wa Inna don ta san ba ita kaɗai ba ce. Ta ce Allah ya kyauta, ta ci gaba da jan carbinta. Yau babu mai ba ta umarni, babu mai hana ta komai, amma ba ta sauka ƙasa sai na ja ta da rigima. Bara na sayo buhun ƙasa mai tsabta, irin wadda aka gasa aka liƙe, da tukwane huɗu da irin kuɓewa na leda, na jera mata a baranda, na kira ta ina ta rawar jiki. Ta fito ta duba, ta shafa buhun, ta ce, “Ke 'yar nan, ki bar wa mutane ƙasarsu.” Buhun na nan a liƙe har yau. Da yamma takan jawo shi ta ɗora ƙafafunta in suna yi mata ciwo, ta yi ta kallon motoci. Wani lokaci sai in ji ina kewar bayan gidan nan da duk ƙuncinsa, don a can Inna na da abin da take jira ya tsiro.